Alkakin Asata

Kwal ne ya kawo layin dogo daga Fatakwal zuwa Inugu a 1916, gadar Makurɗi kuma ta sauƙaƙa hanyar Arewa a 1932. Fataken shanu da mahauta suka yi ta gangarowa, matansu suka taho da alkaki.

Kakata a unguwar Asata ta Inugu ba ta yarda da sukari ba. Ɓarzajjiyar alkama take kwaɓawa, ta bar ta ta kwana, ta soya, sannan ta tsoma cikin zuma ko narkakkiyar mazarƙwailar Maƙarfi. Gwanintar tana ga kaurin ruwan: in ya tsinke alkaki ya jiƙe, in ya wuce kima ya daskare a baya, cikin babu zaƙi.

Da muka dawo bayan yaƙin basasa, zuma ta fi ƙarfin aljihunmu. Sukari da lemon tsami muke dafawa har yau, kuma ina kewar na Kaka.