Tashar Kubwa: Tarihin Wata Ƙaramar Tasha a Bakin Abuja

Kalmar tasha aro ce daga Turanci, ta shigo Hausa tare da jirgin ƙasa, daga baya ta yaɗu har a ke cewa tashar mota da tashar jirgin ruwa. Kafin zuwanta, wurin da matafiya su ke sauka zango a ke ce masa. Tashar da wannan takarda za ta duba, watau ta Kubwa, ƙarama ce, ita ce ta farko da jirgi ya ke tsayawa in ya tashi daga Idu ta Abuja ya nufi Rigasa ta Kaduna. Abin lura game da ita shi ne, darajar da ta samu ba daga gininta ta zo ba, daga halin da ƙasa ta shiga ne.

Sa'ad da Turawa su ka fara shimfiɗa hanyar jirgi daga Baro cikin 1907, zamanin Gwamna Girouard, sai su ka bi da ita ta Minna da Kaduna da Zariya, ta isa Kano cikin 1911. Daga baya hanyar gabas, wadda ta taso daga Fatakwal, ta biyo ta Kafanchan ta sadu da ita a Kaduna. Ƙasar Abuja kuwa sai ta zauna tsakanin hanyoyin nan biyu, ba wadda ta taɓa ta. Dalili a fili ya ke: kaya a ka yi wa dogo a lokacin, gyaɗa da auduga da fatu da kuza, su kuwa ba nan ne matattararsu ba.

Ran 3 ga Fabrairu 1976 gwamnatin Janar Murtala Muhammed ta kafa dokar da ta keɓe wannan yanki don sabon babban birnin Nijeriya. Tsohon garin Abuja ya ba da sunansa, ya koma Suleja. Gwamnati ba ta ƙaura daga Ikko ba sai ran 12 ga Disamba 1991. Kubwa a da ƙauyen Gwarawa ne a arewa maso yammacin birnin. An mai da waɗansu mutanen ƙauyukan da ginin birni ya tasa can, an kuma gina gidajen ma'aikata. Da hayar ɗaki ta gagari ƙaramin ma'aikaci a tsakiyar birni, sai jama'a su ka yi ta kwarara Kubwa, har ta zama ɗaya daga manyan garuruwan da ke kewaye da Abuja. Duk wannan girma a kan mota ya tsaya, gama babu jirgi.

An soma aikin sabuwar hanyar cikin 2011, zamanin Shugaba Goodluck Jonathan, a hannun kamfanin CCECC na ƙasar Sin, da rancen kuɗi daga can. Shugaba Muhammadu Buhari ya buɗe ta ran 26 ga Yuli 2016. Tsawonta kilomita 186 ne, watau wajen mil 116. Faɗin tsohuwar hanya ƙafa uku da inci shida ne, na sabuwar kuwa ƙafa huɗu da inci takwas da rabi, saboda haka jirgin wannan ba ya hawa waccan. Ga mazauna Kubwa da Gwarinpa da Bwari, tashar Kubwa ta fi Idu kusa, shi ya sa da yawansu nan su ke shiga.

Shekarun da su ka biyo bayan buɗewar, masu satar mutane don neman fansa su ka addabi hanyar mota ta Abuja zuwa Kaduna, musamman wajen Rijana da Katari. Nan da nan manya da ƙanana su ka koma jirgi. Attajirin da bai taɓa tsammanin barin motarsa ba ya zo ya bi layi tare da ɗalibi da ɗan kasuwa. Wurin zama ya yi kaɗan, 'yan bayan fage su ka shiga sayen tikiti suna sayarwa da tsada, har cikin Janairu 2021 a ka fara sayar da shi ta intanet don a rage wannan.

Amma amincin bai ɗore ba. Daren 28 ga Maris 2022 'yan bindiga su ka fasa hanya da nakiya kafin jirgin da ya taso daga Abuja ya kai Kaduna, su ka kashe waɗansu fasinjoji, su ka tafi da fiye da sittin cikin daji. Na ƙarshensu ba su fito ba sai cikin Oktoba. Tashar Kubwa, wadda ke nesa da inda abin ya faru, ta zauna shiru fiye da wata takwas, sai ran 5 ga Disamba jirgi ya sake tsayawa a cikinta.

Mai nazarin tarihi zai ga abu biyu a nan. Na ɗaya, tsohuwar hanya kaya ta bi, tashoshinta su ka haifi garuruwa irin su Kafanchan. A Kubwa kuwa gari ne ya riga tasha, mutane ta zo ta tarar. Na biyu, cikarta da mutuwarta duka daga abin da ke faruwa can cikin dajin Kaduna su ka zo. Zango a da ba ya cika sai in hanya tana da lafiya gaba da baya, haka kuma tasha ta ke a yau.