Birai Biyu a Ƙasa Ɗaya: Sun Wukong da Hanuman a Al'adun Kambodiya

Manufar wannan maƙala ita ce bin diddigin yadda wani biri na hikayoyin Sin, wato Sun Wukong, ya sami gindin zama a ƙasar Kambodiya, inda ya tarar da biri ɗan gida.

Ɗan gidan shi ne Hanuman, farin biri, jarumin Reamker, wato labarin Ramayana na Indiya kamar yadda mutanen Khmer suka mai da shi nasu. Tun ƙarni na 12 aka sassaƙa yaƙin Lanka, da rundunar biransa, a bangon Angkor Wat. Har yau kuwa Hanuman yana fitowa a lakhon khol, wasan rawa da ake sanya fuskar aro.

Shi kuwa baƙon, gwarzo ne na littafin Xiyou Ji, wato Tafiya Zuwa Yamma, mai babi 100, wanda ake dangantawa ga Wu Cheng'en. Bugu mafi tsufa da ya rage na shekarar 1592 ne. An gina littafin bisa tafiyar malami Xuanzang zuwa Indiya, wanda ya komo Sin a 645 da littattafan addinin Buddha.

Ko da yake Sinawa sun daɗe a Kambodiya, har manzo Zhou Daguan ya iske su a Angkor a 1296, majigi ne ya kai birin gida-gida. Bayan ɓarnar mulkin Khmer Rouge, daga 1975 zuwa 1979, wadda ta hallaka mawaƙa da maraya masu yawa, fagen nishaɗi ya yi kango. Wasannin talabijin na waje, ciki har da Xiyou Ji na 1986, da aka juya da muryoyin Khmer, su suka cike gurbin.

Dalilin karɓuwarsa a fili yake. Kowane cikin biran nan yana tashi sama, yana rikiɗa, yana yi wa mutumin kirki hidima. Saboda wannan kamanni ne Hu Shi ya ce, a 1923, daga Hanuman aka samo Sun Wukong, alhali Lu Xun yana ganin tushensa Wuzhiqi ne, aljanin ruwa na Sin.

Sai dai biran ba su yi daidai wajen gata ba. Na majigi kaset ɗaya ya ishe shi, amma na dandali sai da gwani da almajiri da shekarun horo. A 2018 Hukumar UNESCO ta sanya lakhon khol na Wat Svay Andet cikin al'adun da ke bukatar ceton gaggawa. Ashe ɗan gida ne ke neman mai riƙe shi.