Ikon Allah (littafi)

Ikon Allah littafin kimiyya ne da aka rubuta da Hausa domin talaka mai son sani. Dakta Rupert East da Alhaji Abubakar Imam (1911–1981), editan farko na jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo, su suka wallafa shi a Zariya a 1949. Littafin yana bayanin halittu iri-iri na duniya, kamar dabbobi da tsirrai, da Hausa mai sauƙi, yana nuna cewa binciken halitta hanya ce ta ganin hikimar Mahalicci. Kamfanin buga littattafai na NNPC da ke Zariya ya sake buga shi daga baya. Yana cikin littattafan farko da suka kawo ilimin kimiyya cikin rubutun boko na Hausa.