Bakolori: Yadda Masu Gona Suka Zama 'Yan Kama-Wuri-Zauna

Tun kaka da kakanni Gulbin Sakkwato ke ciyar da Maradun da Talata Mafara da Bakura. Idan ya tumbatsa da damina sai ya malale fadamu, a noma shinkafa, da rani kuma a koma lambu da su. A tsakiyar shekarun 1970, lokacin da kuɗin mai ya cika baitulmalin gwamnatin soja, aka ba kamfanin Impresit na ƙasar Italiya kwangilar datse gulbin a Bakolori. An gama madatsar a 1978, a ƙarƙashin Hukumar Raya Kogunan Sakkwato da Rima. Tafkin ya shanye kimanin hekta 8,000, dubban mutanen ƙasar Maradun suka tashi daga gidajensu. Wurin da aka sake tsugunar da su tudu ne, ba fadama ba.

A ɓangaren Mafara da Bakura kuwa, katafila ce ta shiga gonaki domin a daidaita ƙasa a ja magudanan ruwa. Ta tumɓuke ɗorawa da kanya da tsamiya, ta shafe iyakokin da kowane gida ya san nasa da su. An yi alkawarin mayar wa kowa gonarsa bayan aiki, amma damina ta wuce, wata ta biyo, mutane da yawa ba su shuka komai ba.

Ana cikin haka, ranar 29 ga Maris 1978, gwamnatin Janar Obasanjo ta kafa Dokar Amfani da Ƙasa. Arewa ta daɗe da sanin irinta, domin tun 1910 Turawa suka ɗora ƙasa a hannun gwamna, dokar 1962 ta Jihar Arewa kuma ta bi sawu. Sabuwar dokar ta ba gwamna ikon soke haƙƙin mutum a kan fili saboda maslahar jama'a, diyya kuwa ta gini ce da shuka da abin da aka kashe wajen gyara wurin, ban da ita kanta ƙasar. Sashe na 47 shi ne ya fi ciwo: ya hana kowace kotu sauraron ƙara a kan yawan diyya ko ƙarancinta. Mai ƙorafi sai dai ya je gaban kwamitin da gwamna ya naɗa. Wato wanda ya karɓi gonar, mutanensa ne za su ce ko ya biya daidai. Manomin da ya ƙi tashi daga gadon ubansa ya zama mai zaman haram a filin gwamnati.

Da koke ga hakimai da jami'an hukuma bai haifar da ɗa mai ido ba, sai manoma suka fara tare hanyoyin aikin daga ƙarshen 1979, suna neman a biya su amfanin gonar da suka rasa. A lokacin an koma mulkin farar hula, Shehu Shagari ne shugaban ƙasa, Shehu Kangiwa kuma gwamnan Sakkwato, domin ba a ƙirƙiro Jihar Zamfara, inda yankin yake a yau, ba sai 1996. A ƙarshen Afrilu 1980 'yan sandan kwantar da tarzoma suka far wa ƙauyen Birnin Tudu da ƙauyukan kewaye, suka buɗe wuta, aka ƙona gidaje. Gwamnati ta ce mamatan ba su kai talatin ba. 'Yan adawa da masu bincike sun ce ɗaruruwa ne. Masana irin su Björn Beckman da W. M. Adams sun yi rubutu mai zurfi a kan lamarin.

Ƙofar kotu ta ɗan buɗe daga baya. A 1986, a shari'ar wani mai suna Kanada da Gwamnan Jihar Kaduna, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce hana kotu duba diyya ya saɓa wa tsarin mulki. A 1991, a shari'ar wani mai suna Osho, Kotun Ƙoli ta jaddada cewa soke haƙƙin fili ba ya inganta sai an ba mai shi sanarwa yadda doka ta tanada. Waɗannan hukunce-hukunce sun zo wa mutanen Birnin Tudu a makare. Dokar 1978 kuwa tana nan daram, sashe na 315 na tsarin mulkin 1999 ya kare ta, ba a iya taɓa ta sai ta hanyar da ake gyara tsarin mulkin kansa.