Tarihin Sa Wa Na'urar Gem Cif

Duk wanda ya taso a Agege ko Sabon Ibadan ya san shagon gem, inda yara ke biyan kuɗi su buga ƙwallo a PlayStation. Yawancin na'urorin nan sai da mai gyara ya buɗe cikinsu ya liƙa cif kafin su karɓi faifan Alaba. To, daga ina abin ya samo asali?

Kamfanin Sony ya fito da PlayStation a Japan a 1994. A jikin kowane faifai na asali akwai wata alama ta ɓoye da ke nuna yankin da aka yi shi dominsa, wato Japan, Amurka ko Turai, kuma idan na'urar ba ta ga alamar yankinta ba, ba za ta tashi ba. Aikin cif shi ne ya riƙa aika mata da wannan alama, sai ta ɗauka faifan nata ne. Lokacin da PlayStation 2 ta fito a 2000, haka aka ci gaba da yi.

Daga baya aka rage dogaro da cif. A 2008 wasu masana kwamfuta suka gano wata ɓaraka a wasan Zelda, ta nan suka buɗe Wii ta Nintendo ba tare da kwance ko ƙusa ɗaya ba, suka zuba mata manhajar da ke kwaikwayon tsofaffin na'urori. A 2016 Nintendo ta fitar da NES Classic mai wasanni 30, kafin a yi wata uku mutane sun ƙara mata ɗaruruwa ta wayar USB.

Kamfanoni suna kallon wannan a matsayin satar fasaha, kuma gaskiya kwafar faifan wani a sayar cin haƙƙi ne. Amma wani bincike da Video Game History Foundation ta fitar a 2023 ya nuna kashi 87 cikin ɗari na wasannin da suka fita a Amurka kafin 2010 ba a sayar da su yanzu. Faifai na karcewa, na'ura na mutuwa, masu su kuma sun daina bugawa. Da yawansu ana iya buga su yau a na'urorin da aka buɗe.

Saboda haka, in akwai tsohuwar PS2 a ɗakinka, kada ka yi saurin ba 'yan gwangwan.