Majigin Hauka: Wa Ke Da Bakin Magana?

Makon nan za mu leƙa Nijar da Gana, domin akwai darasi ga duk mai son ɗaukar fim ko rubutu a kan bori, bokanci da maganin gargajiya.

A 1941 wani Bafaranshe mai suna Jean Rouch ya zo Nijar aikin gina hanya. Da tsawa ta kashe wasu leburorinsa, abokinsa Damoure Zika ya kai shi wurin kakarsa, wadda ta san sha'anin iskokin Zabarmawa, ta jagoranci tsarkake mamatan. Abin da ya gani ranar ya sa daga baya ya ajiye aikin injiniya ya ɗauki kyamara.

A 1954 ya bi 'yan ci-ranin Nijar zuwa Ankara, inda ya ɗauki taron shekara na 'yan Hauka. Wannan ɗabi'a ta ɓulla ne wajajen 1925 a yankin Filinge, kuma sunan daga kalmarmu ta Hausa yake. Iskokinta ba irin na da ba ne: gwamna, janar, kofur, direban jirgin ƙasa, wato manyan mulkin mallaka. A fim ɗin, Les Maîtres Fous, an ga mutane suna kumfar baki, suna faretin soja, har suka yanka kare suka ci. A ƙarshe aka nuna su washegari a bakin aikinsu, lafiya lau, Rouch yana tambaya ko sun samo maganin damuwar da likitocin Turai ba su sani ba.

Da aka haska shi a Paris a 1955, rigima ta tashi. Malaminsa Marcel Griaule ya nemi a lalata shi. Ɗaliban Afirka suka ce zai ƙara wa Turawa raina baƙar fata. Hukumar Ingila a Gana ta hana nuna shi, don ta ga da ita ake. Duk da haka ya ci kyauta a Venice a 1957. Abin lura shi ne, kusan duk bayanin da ke cikin fim ɗin muryar Rouch ce. Masu abin suna gaban kyamara, amma wani ke faɗa mana abin da suke nufi.

Shi kansa ya ɗanɗana gyara. Da ya mayar da fim ɗinsa na farautar dorina garin Ayoru ya haska wa masunta, suka ƙi kiɗan da ya sa, suka ce wannan farauta cikin shiru ake yin ta. Ya cire kiɗan, ya kuma riƙe al'adar mayar da aiki wurin masu shi har rasuwarsa a hatsarin mota kusa da Birnin Konni a 2004.

Mu fa? Sau nawa muka sa boka a labari da jan ƙyalle da dariyar mugunta, ba mu taɓa zama da mai maganin gargajiya ko ungozoma ba? Ba sai mun yarda da aƙidar mutum za mu faɗi gaskiya a kansa ba. Kafin mu saki aiki, mu karanta wa wanda muka rubuta a kansa, mu ji inda zai ce ba haka ba ne.

Sai mun ji ra'ayoyinku.