John Madden

John Earl Madden (10 ga Afrilu 1936 – 28 ga Disamba 2021) koci ne kuma mai sharhin ƙwallon ƙafa irin ta Amurka a talabijin. An haife shi a garin Austin na jihar Minnesota, ya tashi a Kalifoniya. Ƙungiyar Philadelphia Eagles ta ɗauke shi a 1958, amma raunin da ya ji a gwiwa ya hana shi buga wasa a matsayin ƙwararre.

Ya horar da ƙungiyar Oakland Raiders daga 1969 zuwa 1978, inda ya kai ta ga lashe kofin Super Bowl a ranar 9 ga Janairu 1977, bayan ta doke Minnesota Vikings da ci 32 da 14.

A 1979 ya koma aikin sharhi. Ya yi aiki da manyan tashoshi huɗu: CBS, Fox, ABC da NBC, ya kuma shafe sama da shekara 20 yana sharhi tare da Pat Summerall. Ya yi suna wajen zana layuka a kan allon talabijin don fayyace wa masu kallo dabarun wasa. Ya samu lambar yabo ta Emmy sau 16, ya yi ritaya a watan Afrilun 2009.

Da yake ba ya hawa jirgin sama, da babbar bas ya riƙa zuwa wasanni. Wasan kwamfuta na Madden, wanda kamfanin Electronic Arts ya fara fitarwa a 1988, sunansa yake ɗauke da shi.